Mutumin Da Ya Zama Shaihu Umar

A zangon karatun da ya wuce aka aike ni Disina, cikin ƙasar Shira, in duba ɗalibanmu da su ke gwajin koyarwa a can. Da ya ke Disina garinmu ne, ban yi wata-wata ba na ɗauki jakata na kama hanya. Ran Talata da hantsi na shiga wani aji, na zauna a bencin baya, na buɗe littafin da na ke ba da maki. Ɗalibinmu yana koyar da wasan kwaikwayo, kuma ba laifi, ya shirya darasinsa sosai, allo tsaf, murya a sake. Ana cikin haka sai wani yaro ɗan ƙarami ya ɗaga hannu ya ce, "Malam, wane ne ya fara fitowa a fim ɗin Hausa?"

Ɗalibin namu ya yi jim, sa'an nan ya ambaci sunan wani ɗan wasan Kano na zamanin nan, wanda ko haihuwarsa ba a yi ba sa'ad da aka fara abin. Yara suka rubuta. Na ɗaga alƙalami zan rage masa maki, sai na tuna shekara biyu cur yaron nan yana ajina, ban taɓa gaya masa wannan labari ba. To, laifin wa ke nan? Na mai da alƙalamina aljihu. Wannan rubutu biyan bashi ne, gare shi da sauran 'yan'uwansa da za su fita su tsaya gaban yara.

Zamanin Majigi

Da yamma na tafi gai da Baffana, tsoho ne wanda ya ga jiya ya ga yau. Na ba shi labarin tambayar yaron. Ya yi dariya ya ce, "Kai ɗana, ai mu muka ga farkon abin. Mota kan zo, a yi shela gari ya ji, in magariba ta yi a kafa farin ƙyalle a fili, injin yana ruri, yara a gaba a ƙasa, manya a baya." Na ce, "Baffa, wa kuka gani a ciki?" Ya ce, "Baban Larai mana." Na ce, "Shi mutumin da ya fito ɗin, yaya sunansa?" Ya dube ni kamar na yi tambayar wauta, ya ce, "Na ce maka Baban Larai."

Ku riƙe amsar nan ta Baffa, gama za mu komo kanta.

Abin da ya ke nufi shi ne majigi. A shekarar 1939 Gwamnatin Ingila ta kafa wani ofishi na shirya finafinai domin ƙasashen da ta ke mulka. Ba don nishaɗi aka yi su ba, don koyarwa ne: tsabtar gida, haƙa masai, allurar rigakafi, biyan haraji, noman zamani. Motoci su ke yawo da su gari gari, da mai fassara riƙe da lasifika yana yi wa jama'a bayani. Fim ɗin Baban Larai, wanda aka yi a tsakiyar shekarun 1950, a kan noman auduga ya ke, amma aka saka shi cikin labari, da mutane masu shiga irin tamu suna abin da mu ke yi. Shi ya sa ya zauna a zukatan mutane alhali kuwa ɗaruruwan 'yan'uwansa sun shuɗe.

Gidajen silima kuwa dabam su ke. Tun 1937 aka buɗe silimar Rex a Kano, amma abin da a ke nunawa a irin gidajen nan na Amurka ne da Ingila, daga baya na Indiya da na Sin suka shigo suka mamaye. Bahaushe ya biya kuɗinsa ya kalli ƙasar wani, ya ji harshen wani. In yana son ya ga kansa, sai ya jira motar majigi.

Inda 'Yan Wasan Farko Suka Fito

Kada wani ya zaci Turawa suka koya mana kwaikwayo. Kowa a cikinku ya yi tashe da azumi, ya shafa toka ko ya liƙa gemun auduga ya zama tsoho. Akwai 'yan kama masu kwaikwayon malamai, akwai wasan gauta da a kan yi a fada, inda mata su kan kwaikwayi sarki da fadawansa a gabansu. Abin da zamani ya kawo shi ne rubuta wasan a takarda, da raba wa kowa maganarsa ya haddace.

Wannan kuwa a makaranta ya fara, a hannun malamai. Malam Aminu Kano, sa'ad da ya ke koyarwa a Midil ta Bauci cikin shekarun 1940, ya kan shirya wa yara wasanni. Abubakar Tunau ya rubuta Wasan Marafa. Shu'aibu Maƙarfi ya rubuta Zamanin Nan Namu da Jatau Na Kyallu, waɗanda jama'a suka sha ji a rediyo. A 1962 aka buɗe talabijin a Kaduna, masu wasa a rediyo suka fito fili aka ga fuskokinsu. Hanyar ke nan: daga dandali zuwa makaranta, daga makaranta zuwa rediyo da talabijin, daga nan sai fim. Kusan duk ɗan wasan farko da za ku ji labarinsa, ta wannan turba ya biyo.

Daga Littafi Zuwa Fim

A shekarar 1933 Hukumar Fassara da ke Zariya, ƙarƙashin Dokta Rupert East, ta sa gasar rubuta labari da Hausa. Cikin waɗanda suka shiga har da wani saurayi malamin makaranta, mutumin ƙasar Bauci, wanda bai daɗe da fitowa daga Kwalejin Katsina ba, watau Malam Abubakar Tafawa Ɓalewa. Littafinsa Shaihu Umar ya fito tare da Ruwan Bagaja da Ganɗoki da Idon Matambayi da Jiki Magayi. Kun san abin da ya zama daga baya: Firayim Minista a 1957, aka kuma kashe shi a watan Janairu na 1966. Allah ya jiƙansa.

Ga wanda bai karanta ba, ga labarin a taƙaice. Wani babban malami ne a Rauta, kusa da Bauci, almajiransa suka tambaye shi asalinsa. Ya ba su labarin yadda aka haife shi a Kagara bayan rasuwar ubansa, yadda mahassada suka sa aka kori Makau mijin uwarsa daga fada, yadda aka sace shi yana ƙarami, ya bi hannu hannu har ya faɗa wurin wani Balarabe, Abdulkarim, wanda ya ƙetare Sahara da shi ya riƙe shi kamar ɗan cikinsa, ya ba shi ilmi. Uwarsa kuwa ta fita nemansa, ita ma aka bautar da ita, ba su sadu ba sai a Tarabulus, tana gab da barin duniya.

Wanda ya ɗauko wannan labari daga takarda ya tsai da shi da ƙafafunsa shi ne Malam Umaru Ladan. Shi da wani masanin wasan kwaikwayo mai suna Dexter Lyndersay, mutumin tsibirin Tirinidad da ke aiki da Jami'ar Ahmadu Bello, suka mai da littafin wasan da za a yi a gaban jama'a, aka buga shi a 1975. Ku lura, wannan ba ƙaramin aiki ba ne. A littafi, marubuci ya kan ce ayari ya yi wata biyu cikin rairayi, shi ke nan ya wuce. A dandamali kuwa ba raƙumi, ba rairayi, sai mutum da bakinsa da jikinsa. Dole a zaɓi abin da za a nuna da abin da za a faɗa, a kuma ƙirƙiro wa kowane mutum maganar da ta dace da bakinsa.

Sa'an nan Alhaji Adamu Halilu, mutumin Garkiɗa, wanda ya ƙware a aikin fim tun zamanin majigi, ya ɗauki labarin ya yi fim da shi a 1976, shekara goma bayan rasuwar mai littafin. Da aka zo neman wanda zai zama Shaihu Umar, sai aka ba Umaru Ladan. Mutumin da ya san kowace kalma ta wasan domin da hannunsa aka rubuta ta, shi ya naɗa rawanin. Aka nuna fim ɗin a babban bikin al'adun baƙar fata na duniya, watau FESTAC, wanda aka yi a Ikko a farkon 1977. Baƙi daga ƙasashe masu yawa suka zauna suka kalli labarin Bahaushe, da bakin Bahaushe.

Wuyar Aikin

Yanzu bari mu duba abin da a ke bukata ga mutum irin wannan, gama a nan darasin ya ke. Da yawa suna tsammani wanda ya iya wasa a dandamali ya iya shi a fim. Ba haka ba ne, sana'a biyu ce masu kama da juna.

Na farko, murya da motsi. A dandamali kana yi ne domin na bencin baya ya ji ya gani, saboda haka ka kan ɗaga murya, ka buɗe hannu. Kyamara kuwa ta kan matso har ta cika farin ƙyalle da fuskarka kaɗai. In ka zaro ido yadda ka saba, sai ka zama abin dariya. A fim, ƙifta ido magana ce.

Na biyu, ba a bin labari daki daki. In an kafa kaya a wani gida, duk abin da ya faru a gidan nan za a ɗauka a gama, ko na farkon labari ne ko na ƙarshe. Ɗan wasa ya kan yi kukan rabuwa da safe, da la'asar ya yi murnar haɗuwar da ta riga rabuwar. Dole ya riƙe labarin duka a kansa, ya san inda zuciyar mutumin ta ke a kowane wuri. Har naɗin rawani sai ya zama iri ɗaya, ko da mako uku ne tsakanin shigarsa zaure da fitowarsa.

Na uku, babu 'yan kallo. Mai wasan dandamali yana jin dariya ko shirun jama'a, ya san inda ya dosa. Mai wasan fim ba ya ganin kowa sai ma'aikata da fitilu masu zafi.

Na huɗu, tsada. A zamanin nan ba da waya ko kwamfuta a ke ɗauka ba. Wani dogon zare ne mai faɗi kamar ɗamara, hoto 24 ke wucewa a kansa cikin kowace daƙiƙa, kuma naɗi guda mai tsawon ƙafa 1,000 bai fi minti 11 ba ya ƙare. In an ɗauka an ɗauka, ba a gogewa a sake. Kowane kuskure kuɗi ne. Ba kuwa za a ga abin da aka yi ba sai an kai zaren an wanke shi, watakila bayan makonni. Fim ɗin Shaihu Umar minti 142 ne. Masu son lissafi su buga su gani: hoto 204,480 ke nan, ban da waɗanda aka yanke aka zubar.

A kan duk wannan sai ku ƙara irin mutumin da aka ba shi ya zama. Fitowa a matsayin ɓarawo ko wawa ko jarumi da sauƙi, domin akwai ihu da gudu da faɗa. Amma Shaihu Umar malami ne mai haƙuri, wanda duniya ta gasa shi bai yi ƙorafi ba. Yaya za ka nuna haƙuri a ga shi da ido? Sai ta wurin zama, da kallo, da yadda a ke ajiye magana a hankali. Wanda ya iya sa jama'a su zauna fiye da sa'a biyu suna bin rayuwar mutum mai sanyin hali, lalle ya san aikinsa.

Abokan Tafiya

Ba shi kaɗai ya bi hanyar ba. Akwai Ƙasimu Yero, mutumin Zariya, wanda aka sani a Karambana da Magana Jari Ce na talabijin, kuma dukan Nijeriya ta san shi da sunan Gaga a wasan nan na Turanci Cock Crow at Dawn, wanda aka yi don jawo hankalin mutane ga noma. Ya rasu a Kaduna a watan Satumba na 2017. Akwai Usman Baba Pategi, Banufe ɗan gidan sarauta, wanda ya yi aikin soja, ya fito da Hausar bariki ya mai da ita abin sha'awa a wasan Samanja Mazan Fama. Ya rasu a watan Nuwamba na 2023. Waɗannan su suka share fili. Sa'ad da ƙungiyar Tumbin Giwa ta Kano ta fito da Turmin Danya a kaset a 1990, wanda daga gare shi kasuwar finafinan Hausa ta yau ta tsiro, ta tarad da jama'a sun riga sun saba ganin Bahaushe a allo.

Wani Misali Daga Nesa

Domin ku gane ba mu kaɗai abin ya shafa ba, bari in kai ku ƙasar Sin. Duk wanda ya yi kallon silima a cikinku ya san Burus Li, ya kuma san fim ɗinsa Enter the Dragon na 1973, da mugun tsohon nan mai hannun ƙarfe da suka yi faɗa cikin ɗakin madubai. Sunan tsohon Shek Kin. Mu a nan ba mu san shi ba sai a wannan fim, alhali kuwa sa'an nan shekararsa 60, ya riga ya ƙare ƙuruciyarsa a cikin sana'ar.

Mutanen Hongkong da kudancin Sin harshen Kanton su ke yi, ba Mandarin na hukuma ba. Fim mai magana na farko da ya yi suna da harshensu ya fito a 1933, kuma 'yan wasansu na farko daga dandamali suka fito, kamar namu. Har gwamnatin Sin ta wancan zamani ta yi niyyar hana yin fim da harshen, wai don kowa ya koma harshe ɗaya, sai yaƙi da Japan ya ɓarke a 1937 maganar ta sha ruwa. An haifi Shek Kin a 1913. Da aikin yi wa 'yan wasa kwalliya ya fara, ya fito a fim a 1940. Daga 1949 aka shiga jerin finafinan wani jarumi mai magani, Wong Fei-hung, fiye da 70, Kwan Tak-hing yana jarumin, shi kuwa a yawancinsu shi ne mugu. Ya sha kashi a allo shekara da shekaru, har sunansa ya zama abin da mutanen garin su ke kiran duk wani maƙetaci da shi, ko da ya ke waɗanda suka zauna da shi sun shaide shi da kirki. Ya rasu a 2009 yana da shekara 96.

Abin da ya sa na kawo shi, mutanensa ba su bar sunansa ya ɓace cikin sunan mugun da ya kwaikwaya ba. Sun gina gidan ajiyar finafinai, sun tattara tsofaffin zarurruka da hotuna, sun zauna da tsofaffin 'yan wasa sun rubuta abin da suka faɗa. Shi ya sa ni da ke Azare na iya gaya muku shekarar da ya fara aiki.

Yadda Aka Kusa Yin Hasara

Mu fa? Bayan bikin 1977, fim ɗin Shaihu Umar ya yi ɓatan dabo. Yara suka yi ta karanta littafin a makaranta, ba su san akwai fim ɗinsa ba. Shi kuwa zaren fim ba ya son zafi da laima. In ya daɗe a wurin da ba a kula da shi, sai ya fara wari mai tsami, ya motse, ya manne da juna, daga nan sai juji. Sai a 2016 waɗansu masu kishin fim, cikinsu har da Didi Cheeka, suka tarar da gwangwanayensa cikin tarin tsofaffin finafinai a wani tsohon gini a Ikko. Wata cibiya ta birnin Berlin mai suna Arsenal ta gyara shi, ta mai da shi irin na zamani, aka nuna shi a bikin finafinai na Berlin a watan Fabrairu na 2018. Bayan shekara 40, Umaru Ladan ya sake zama gaban almajiransa ya buɗe baki. Da an ƙara 'yan shekaru ba a buɗe ɗakin nan ba, da sai dai labari.

Kun ga inda amsar Baffa ta kai mu. Gwanintar ɗan wasa ita ce ya ɓace cikin wanda ya ke kwaikwaya, har tsoho ya rantse Baban Larai ya gani. Wannan yabo ne babba. Amma gwanintar nan ita ce kuma ke binne shi, in ba a sami wanda ya rubuta sunansa ba. Mawaƙi yana ambaton kansa cikin waƙarsa, marubuci sunansa na bangon littafi. Ɗan wasa kuwa sunan wani ya ke ɗauke da shi. Riƙe nasa sunan aikin wasu ne, kuma ban ga waɗanda aikin ya fi kama ba kamar malaman makaranta, tun da a hannunsu abin ya fara.

Aikin Hutu

Saboda haka ga abin da na ke roƙon kowane ɗalibi ya yi kafin mu komo.

1. Ka sami tsoho ko tsohuwa a garinku wanda ya ga majigi. Ka tambaye shi inda a ke kafa ƙyallen, da wanda ke yin shela, da abin da ya gani, da abin da mutane suka ce bayan an tashi. Ka rubuta da bakinsa, kada ka gyara masa Hausa.

2. Ka karanta Shaihu Umar, ka zaɓi wuri ɗaya, misali ranar da aka kori Makau daga fada, ka mai da shi wasan minti goma wanda 'yan aji shida za su iya yi ba tare da an sayi kome ba.

3. In kun yi wasa a makarantar da aka tura ka, ka rubuta sunan kowane yaro da abin da ya fito a matsayinsa, da ranar, ka ba Hedimasta ya ajiye. Ba ka san wanda zai zama wani abu a cikinsu ba.

Kafin in bar Disina na koma ajin nan, na roƙi ɗalibinmu aron minti biyar. Na ce da yara su buɗe littattafansu su ja layi a kan amsar ran Talata, na gaya musu kuskuren nawa ne, ba na malaminsu ba. Na rubuta Baban Larai a allo, na rubuta Umaru Ladan a ƙarƙashinsa, da 1976. Yaron nan mai tambaya ya sake ɗaga hannu ya ce, "Malam, a ina za mu ga fim ɗin?" Na ce masa in Allah ya yarda zan nemo. Yanzu ina cikin nema, kuma duk wanda ya riga ni samu a cikinku, ofishina a buɗe ya ke.